Minti Hamsin ɗin Malam Awaisu

"Ku dakata! Na ce kada a zuba ƙasar nan!"

Direban tifa ya leƙo ta taga, ya ga tsoho tsaye a bayan motarsa riƙe da littafin rubutu, sai ya taka birki ya danne hon. Malam Awaisu bai motsa ba. Ni na kawo shi wurin a kekena. Ya ce mini ba zai wuce minti biyar ba, sai ga shi ya tsayar da aikin titi gaba ɗaya.

Malam Awaisu maƙwabcina ne a Kwarin Maje, katanga ɗaya ce tsakaninmu. Ya yi shekara talatin yana koya wa masu karatun injiniya lissafi, da ya yi ritaya ya dawo gidan mahaifinsa shi da matarsa Gwaggo Hansai, yana noman masara yana fama da ciwon asma. Ni kuwa sunana Haladu, keke napep nake ja tsakanin ƙauyenmu da Funtua. Mun fi shekara ashirin muna roƙon titi, sai a bazarar bara aka kawo mana shi. Titin zai ƙetare ƙoramar da ta bi ta ƙasan gidajenmu. Aka tara jar ƙasa ta fi tsayin mutum, aka shimfiɗa kwalbati biyu a ƙarƙashi domin ruwa ya wuce.

Wani saurayi mai hular kwano ya taho da sauri yana faɗa. Da ya ga fuskar tsohon sai ya cire hular ya rusuna.

"Malam, ina wuni? Lafiya dai?"

"Mahadi, ashe kai ne injiniyan wurin? To alhamdu lillahi, na samu wanda zai fahimce ni. Wa ya ce maka kwalbati biyu za su ɗauke ruwan ƙoramar nan?"

"Haka yake a takarda, Malam."

"Wace takardar? Ta farko gada ce mai baki uku. Da idona na gan ta."

"An sake dubawa. An saka a kwamfuta, ta ce ya isa."

"Abin da ka ba kwamfuta shi take dafa maka. Wace taswira ka ba ta? Ta zamanin da saman can yake daji? Yanzu duk an sare, gonaki ne da rufin kwano. Ruwan da a da ƙasa take shanyewa, yanzu a guje yake gangarowa. Ni na koya maka wannan, Mahadi. A gabana ka zauna, benci na biyu."

Mahadi ya saci kallon wata baƙar jif da ke tsaye gindin ɗorawa. Gilashin jif ɗin ya sauka, Alhaji Maiwada ɗan kwangilar ya leƙo.

"Injiniya, wane ne wannan?"

"Malamina ne, ranka ya daɗe."

"To a sama masa kujera a inuwa. Rana ce ta taɓa shi."

Leburori suka kwashe da dariya. Mutanen ƙauyenmu da suka zo kallo suka taya su. Ba zan ɓoye ba, har da ni. Mutum biyu suka kama hannun Malam suka janye shi gefe kamar akuyar da ta shiga gona, tifa ta juye ƙasarta.

Na mayar da shi a kekena har ƙofar gida. Ya sauka, ya ce, "Gobe da safe ka zo mini da igiyar guga mafi tsawo da za ka samu."

Mako biyu muka yi muna awo. Ina riƙe da bakin igiya, shi yana ɗaya bakin, muna auna faɗin kwarin daga kwalbati har ƙofar masallaci. Ya samo doguwar gora ya yi mata zane da jan fenti, ya kafa ta a bakin kwalbatin. Ya aje gwangwanin madara a tsakar gidansa da rula a ciki don auna ruwan sama. Bayan haka ya shige zaure, kwana tara ba a ganinsa sai lokacin sallah. Yara suka fara kiransa Malam Igiya.

Ran nan bayan la'asar ya kira ni. Zauren ya cika da takardu, kowace an ja mata layi-layi an cike da lambobi ƙanana kamar tururuwa.

"Zauna, Haladu. Idan kana zuba ruwa a randa mai huda, me ke faruwa?"

"In zubawar ta fi yoyon, ta cika."

"Shi ke nan, ka gama karatun. Titin nan ya mayar da kwarinmu randa, kwalbatin su ne hudar. Matsalar ita ce yawan ruwan da ke fita ya danganta da tsayin wanda ya taru, tsayin wanda ya taru kuma ya danganta da wanda ya fita. Ga shi kuma wanda ke shigowa ba ya tsayawa wuri ɗaya. Irin wannan lissafi ba ya warwaruwa a zama guda. Sai dai ka bi shi kamar makaho da sandarsa. Ka taɓa gabanka, ka yi taku ɗaya, ka sake taɓawa. Ka ce yanzu ruwa yana nan, to nan da minti biyu ina zai kai? Ka rubuta. Daga inda ya kai ka sake tambaya. Haka har ƙarshe."

"Duk takardun nan takun ne?"

"Takun ne. Akwai hanya mai sauƙi, ta Oila, sau ɗaya kake taɓawa ka taka. Akwai mai wuya, Runge-Kuta, sau huɗu kake taɓawa kafin ka aje ƙafa. Da mai wuyar na yi, sau uku, ko zan kama kaina da kuskure. Ban kama ba." Ya ɗaga takarda ta ƙarshe. "In aka yi ruwa irin na shekarar da aka haifi ɗiyata Ummukulsum, zai shiga gidanka, ya shiga nawa, ya shiga masallaci. Sannan ya haye titin ya cinye shi."

Ya miƙo mini wata takarda dabam, ta koke ce zuwa ga hukuma, yana so kowane magidanci ya sa hannu.

A nan ne na yi abin da har yau yake ci mini rai. Na dubi takardar na tuna yadda nake canza taya duk wata uku saboda ramuka, na tuna matan da suka haihu a cikin kekena kafin mu kai asibiti. Na ce, "Malam, ka bari in yi shawara."

Ya dube ni, ya ninke takardar. "To, Haladu. Allah ya ba da sa'ar shawara."

Ran Juma'a aka taru a ƙofar mai unguwa. Ko a bar Malam ya gama bayani ba a yi ba.

"Malam Awaisu," in ji mai unguwa, "boko ya yi maka rana, mun sani. Amma ruwa na Allah ne, ba a auna shi da igiyar guga. In ka fusata mutanen nan suka kwashe kayan aikinsu suka kai wani gari, kai za ka yi mana titin?"

"Ni ban ce kada a yi titi ba. Cewa na yi a yi gadar da aka rubuta."

"Baƙin ciki ne kawai!" wani ya yi ihu daga baya. "Don ba a ba shi aikin ba ne!"

Cikin magidanta sama da sittin, mutum ɗaya ne ya sa hannu, Marcellinus mai kemis, wanda muke kira Masi. A Funtua aka haife shi, Hausarsa ta fi ta wasunmu. Ya ce, "Ni dai ban san lissafi ba, amma ban taɓa jin tsohon nan ya yi ƙarya ba."

Sau uku na kai Malam ofis a Funtua da takardunsa. Na farko aka ce oga yana taro. Na biyu aka karɓa aka ce za a duba. Na uku muka tarar da fayil ɗinsa a ƙasa, an tokare ƙafar fanka da shi don kada ta yi rawa. Malam ya sunkuya da kansa ya zaro shi, fankar ta kife. Ya kaɗe ƙurar, ya ce wa akawun, "Ɗana, nemi bulo." Muka fito.

Aka zuba kwalta, aka yi bikin buɗewa da kiɗa. Daga ƙofar gidana zuwa kasuwar hatsi ta Funtua minti goma sha biyar. Duk wanda na ɗauko sai ya ce, "Ina Malam Igiya? Ruwan bai zo ba ne?" Ni ma in murmusa.

Ruwan ya zo ranar wata Alhamis cikin watan Agusta, bayan azahar. Dama an kwana huɗu ana marka, ƙasa ta ƙoshi. Hadari ya haɗo daga gabas baƙi ƙirin, ya sauke kamar da bakin ƙwarya. Ina kwance a ɗaki na ji ana dukan ƙofa kamar za a ɓalle ta.

Malam ne, ba hula, rigarsa ta manne masa a jiki, ƙirjinsa na fito kamar usur.

"Na duba gwangwani, na duba gora, na buga lissafi. Minti hamsin, Haladu. Minti hamsin ya rage ya iso ƙofarka. Kwashe iyalinka ku hau firamare. Sannan ka dawo da keken, akwai tsofaffi."

Na leƙa ta bayansa. Inda ƙorama take babu ƙorama, sai wani jan tafki yana juyawa da karan dawa da matacciyar tunkiya. Kwalbatin sun nutse, ko bakinsu ba a gani.

Gida-gida ya bi cikin ruwan nan, tsoho mai shekara sittin da takwas. Mutanen da suka yi masa dariya su ne suke fitowa suna tambaya, "Malam, saura minti nawa?" Yana duba agogonsa yana faɗa musu. Na yi sawu bakwai zuwa firamare, wadda ke kan tudu. Masi ya rufe shagonsa ya ce zai dawo ya kwashe magunguna tun da akwai lokaci, ya goya tsohuwa Amatullahi da ba ta iya tafiya ya hau da ita.

Ba a kai minti hamsin ba. A minti na talatin da takwas ruwa ya shigo layinmu, kai tsaye har gwiwa. Kafin Masi ya sauko, shagonsa ya cika har kanta, kwalaye suna yawo. Katangar da ke tsakanina da Malam ta zauna. Rumbuna suka bi ta. Wajen la'asar muna tsaye a tudu muka ji wata ƙara kamar aradu ta faɗi ƙasa. Ruwan ya haye titin, ya tsaga shi, ya tafi da kwalbatin biyu da kwalta da komai. Ya bar rami wanda tirela za ta shige ta ɓace.

Aka ƙirga mutane a filin makaranta. Ko jariri ba a rasa ba. Malam ne na ƙarshen hawowa, ruwa har ƙugunsa, Masi yana janye da shi. Abin shaƙarsa na asma ya faɗi a ruwa, sauran kuma suna cikin shagon Masi.

Aka raba mu aji-aji. Iyalina da su Malam muka samu aji uku, aka haɗa bencina aka shimfiɗa masa tabarma. Washegari zazzaɓi ya rufe shi. Mutane suka yi ta zuwa gaishe shi, kowa kansa a ƙasa. Mai unguwa ya tsuguna ya ce, "Malam, ka yafe mana."

"Ku tafasa ruwan sha," in ji Malam. "Rijiyoyin duk sun haɗu da masai."

Ran Asabar da hantsi numfashinsa ya canza. Leɓɓansa suka yi duhu. Masi ya kara kunne a bayansa ya miƙe da sauri.

"Haladu, wannan ya fi ƙarfina. Ƙirjin ya cika. Iskar oksijin yake buƙata, yanzu-yanzu. Da ina da ko abin shaƙa ɗaya da na riƙe shi, amma babu."

Asibiti yana can minti goma sha biyar daga inda muke, ana hango dogayen eriyoyin Funtua daga filin makarantar. Amma tsakaninmu da su akwai ramin nan, ruwa yana gudu a ciki har wuyan mutum, gaɓar tana ta zubewa. Wasu samari suka ce za su ɗauke shi a kai su ƙetare. Na farkon da ya gwada shiga shi kaɗai, da igiya aka jawo shi. Ba yadda za a yi sai zagaye, ta tsohon burtali da ke fita wajen Bakori, sannan a hau kwalta a dawo.

Muka sa shi a baya, Gwaggo Hansai ta rungume shi, Masi ya zauna gefena. Burtalin nan ba hanya ba ce, kunu ne. Kowane taku hamsin sai taya ta nutse. Masi ya sauka ya tura, ni ina murza maƙura, laka tana feshi har rufin keken. Sau biyu manoma suka bar gonakinsu suka ɗaga mu ɗungurungum. Ina tuƙi ina zagi. Na zagi Alhaji Maiwada, na zagi akawun nan da fankarsa, na zagi mai unguwa, na zagi kaina.

"Haladu," na ji muryar Malam daga baya, ƙasa-ƙasa. "Bar zagin. Saurara."

"Malam, kada ka yi magana, ka adana numfashinka."

"Takun ne ya yi faɗi." Ya tsaya ya ja iska. "Ranar ruwan. Sauri nake. Na bi hanya mai sauƙi, minti goma-goma. Na ɗauka abin da ke shigowa a farkon taku, shi ne har ƙarshensa. Alhali ƙaruwa yake yi." Ya yi tari mai tsawo. "Minti goma sha biyu na cuce ku. Masi, da ka kwashe kayanka."

Masi ya juyo, hawaye da laka sun haɗu a fuskarsa. "Baba, wane irin magana ce wannan? Kai ka fitar da mu!"

"Da biyu-biyu na ɗauka..."

"Malam, don Allah ka yi shiru," in ji Gwaggo Hansai. "Ka yi salati."

Ya yi. Na ji shi yana yi, a hankali, ita tana taya shi. Awa biyu da kwata muka yi a burtalin nan. Da muka hango kwalta, motoci suna wucewa fiu-fiu, na juyo in ce masa mun fito. Gwaggo Hansai ta riga ta ja gefen mayafinta ta rufe masa fuska.

"Juya, Haladu," ta ce. "Mai da mu gida."

Na kashe keken. Wani mai mashin ɗauke da buhun barkono ya tsaya ya tambaya ko mai ne ya ƙare mana. Na tayar da keken na juya.

Ta burtalin muka koma da shi. Aka yi masa sutura a aji uku, aka sallace shi a filin ƙwallo bayan la'asar. Maƙabarta tana tudu, ita ruwa bai taɓa ta ba.

Ranar sadakar uku muna zaune a barandar makaranta sai ga ayari. An ɗora katako a kan ramin tun da ruwa ya janye, suka bar motocinsu a ƙetare suka tako. Alhaji Maiwada ne gaba cikin farar shadda, wani yana riƙe masa lema, wasu suna ɗauke da buhunan shinkafa da katan-katan na taliya, wani kuma yana ɗaukar hoto da waya. Mahadi yana can baya.

Aka yi addu'a aka shafa. Alhaji ya gyara murya.

"Wannan abu ikon Allah ne. Ruwa ne irin wanda ba a taɓa gani ba. Babu injiniyan da zai iya hango shi, duk iliminsa. Sai haƙuri."

Ban san lokacin da na miƙe ba.

"Ƙarya kake, Alhaji."

Mai unguwa ya ce, "Haladu! Zaman makoki ne fa!"

"Na san zaman makoki ne, ni na ɗauko gawar! An hango shi. Wanda muke zaman makokinsa ya hango shi tun bazara, da igiyar guga da fensir. A gabanka ya faɗa, ka ce rana ce ta taɓa shi. Ina gada mai baki uku? Ina ta tafi? Allah ne ya saukar da ruwa, amma ba Allah ne ya cire gada ya sa kwalbati biyu ba. Kada ka zo nan ka jingina wa Ubangiji aikinka!"

"Wane ne wannan mara kunyar?" in ji ɗaya daga cikin mutanensa.

"Ni mara kunya ne, gaskiyarka. Da ina da kunya da na sa hannu a takardarsa. Duk wanda ke zaune a nan ya san abin da ya yi. Mun sayar da tsohon nan don kwalta, ga kwaltar can a cikin ƙorama!"

Mutum uku suka riƙe ni. Alhaji ya miƙe yana kaɗe riga, ya ce wa mai unguwa a raba kayan yadda ya dace. Sai muka ji muryar Gwaggo Hansai daga cikin aji, ta bayan zanen da aka rataya a ƙofa. Ba ta ɗaga murya ba.

"Mai unguwa, a raba wa masu yara, suna da buƙata. Amma kada ƙwaya ɗaya ta shigo ɗakin nan."

Mai ɗaukar hoto ya sauke wayarsa. Suka tafi.

Mahadi bai bi su ba. Ya jira sai da mutane suka ragu, ya zo ya tsuguna a bakin ƙofar ajin, ya yi sallama.

"Gwaggo, ni ne Mahadi, ɗalibinsa."

"Na san ka. Ka sha cin tuwo a gidana lokacin jarrabawa."

Ya sunkuyar da kai. "Daren da ya tare tifa, na koma na sake saka lissafin da sabuwar taswira. Abin da ya faɗa shi ya fito. Na kai wa Alhaji, ya ce in zaɓa, ko in sa hannu ko in aje aiki. Ina da 'ya'ya uku, Gwaggo."

"Mu ma muna da su," na ce. "Suna nan kwance a kan benci."

Bai dube ni ba. "Takardunsa nake roƙo. Za a kafa kwamitin bincike. In na kai su da nawa, ba mai iya musawa."

Daga bayan zanen Gwaggo Hansai ta ce, "Tun bazara ya naɗe su a leda ya rataye a rufin zaure, ruwa bai same su ba. Amma ba zan ba ka ba, Mahadi. Wanda ya sa hannu sau ɗaya zai iya sawa sau biyu. In da gaske kake, ka zo nan ka zauna ka kwafa da hannunka, layi-layi, a gaban Haladu. Na asalin suna wurina har Ummukulsum ta iso daga Zariya."

Ya zo. Kwana huɗu yana zuwa, yana zama a kan bencin 'yan aji uku, gwiwoyinsa sun kusa taɓa haɓarsa, yana kwafa. Ni ina zaune ina kallonsa, ban ce masa ko sannu ba. A rana ta uku na ga ya tsaya a wani shafi ya daɗe, kafaɗunsa suna motsi. Na fita na bar shi.

Kwamitin bai zauna ba har yau. An ce an ɗage, an ce shugaban ya tafi Umara, an ce ana jiran rahoto. Mahadi ya aje aikin, na ji yana koyarwa a wata makarantar kuɗi a Malumfashi. Mako uku bayan rasuwar na kai fasinja bakin ramin, sai na tarar da babbar mota tana sauke kaya a ƙetare. Kwalbati ne sababbi. Na sauka na je na shiga cikin ɗaya na tsuguna, na auna da hannuna. Faɗinsu ɗaya da na da. Guda biyu.

Na tambayi direban wa ya aiko shi. Ya ce Alhaji Maiwada. An sake ba shi kwangilar gyara.

Ban iya komawa aiki ba ranar. Na juya keken na hau firamare, ina so in faɗa wa wani, ko wane ne, kafin zuciyata ta fashe. Rana ta buɗe a karon farko cikin kwanaki. Na tarar da Gwaggo Hansai a bakin aji uku cikin kayan takaba, ta shimfiɗa tabarma, an juye mata buhun masarar bara da aka tono daga ƙarƙashin rumbunsu. Fiye da rabi ta tsira a cikin buhun, fararen saiwoyi sun sarƙe da juna. Na yi sallama ta amsa, ba ta ɗago ba.

Na tsaya da maganar a bakina. Tana tsince masu kyau ɗaya-ɗaya tana jefawa a kwano, masu tsiron tana turawa gefe. Wata kaza ta matso tana leƙe, ba ta kore ta ba. Na cire takalmina, na zauna a ɗaya bakin tabarmar, na jawo tsibi guda gabana.